Yadda ake zaɓen wili da tayar da suka dace da ƙaramar mota irin Corolla

Mai sayar da wili a Ƙofar Ruwa ko Fanteka zai iya ɗaga maka aloyi mai ƙyalli, ya ƙirga hujinsa, ya ce biyar ne kamar na motarka, don haka zai hau. Sau da yawa kuwa yakan hau ɗin. Sai dai hawa daban, dacewa daban. Abubuwa huɗu ne ke sa wili ya zauna daidai a ƙafar mota: tazarar hujin noti, faɗin ramin tsakiya, zurfin zaman wilin a cikin madgad, da irin notin da ke riƙe shi. Ita taya tana da nata lissafin. Yawancinsu a rubuce suke, a jikin motar ko a bayan wilin ko a gefen tayar, kuma ido ba ya iya auna ko ɗaya daga cikinsu. Za mu ɗauki Toyota Corolla ƙirar Amurka ta 2003 zuwa 2019 a matsayin misali, tunda ta cika titunanmu, amma hanyar ɗaya ce ga Civic, Elantra, Golf ko Fijo.

Fara da buɗe ƙofar direba. A jikin ginshiƙin da ƙofar ke rufuwa a kai akwai takarda manne, wadda ke ɗauke da girman tayar da kamfani ya sa wa motar, da yawan iskar gaba da ta baya, da girman safaya. A wasu motocin Turai tana cikin murfin tankin mai. Ita ce madogara, ba tayar da ke ƙafar motar yanzu ba, domin motar da ta biyo ta hannu uku kafin ta iso gare ka tana iya zuwa da tayar da wani ya sa saboda ita ya samu da araha.

Abin da lambar taya ke faɗa

Ɗauki 195/65 R15 91H. Lamba ta farko, 195, faɗin tayar ne a milimita. Ta biyu, 65, ba milimita ba ce, kuma nan mutane da yawa ke ruɗewa: tsayin gefen tayar ne a matsayin kaso cikin ɗari na faɗinta. Kashi 65 cikin ɗari na 195 ya kama milimita 126.75. Harafin R na nufin tayar radiyal ce, 15 kuma girman wilin da za ta hau ne a inci. Tayar inci 15 ba ta hawa wilin inci 16, ko da wane irin ƙarfe mai faci zai danna ta.

Daga nan ake fitar da tsayin ƙafar gaba ɗaya, kuma wannan shi ne lissafin da ya fi kowane amfani. Ninka tsayin gefe sau biyu, tunda akwai na sama da na ƙasa, ka ƙara girman wilin bayan ka mayar da shi milimita, inci ɗaya 25.4. A misalinmu 253.5 da 381, jimla 634.5. Duk tayar da za ka canja zuwa gare ta, kada tsayinta ya bambanta da wannan da fiye da kashi 3 cikin ɗari, kuma in ya tsaya ƙasa da kashi 2 ya fi.

Gwada da 205/55 R16, wadda Corolla masu wilin inci 16 ke zuwa da ita: tsayinta 631.9, bambancin bai kai rabin kashi ɗaya ba. Ita 215/45 R17 tana ba da 625.3, ta ragu da kusan kashi ɗaya da rabi. Ka ga wilin yana girma, gefen tayar yana sirancewa, tsayin ƙafar yana nan kusan inda yake. Haka kamfani ke yi. Yanzu ɗauki 215/60 R16, tayar Camry, wadda wasu ke ɗora wa Corolla don motar ta ɗan tashi daga ƙasa: tsayinta 664.4, ƙarin kusan kashi 5. Idan allon gudu ya nuna 100, motar tana kusan 105. Tashinta zai yi nauyi, kuma da an ɗauki mutum uku a baya ko an karya sitiyari har ƙarshe za a ji tayar tana gugar robar cikin madgad. Wanda yake son ƙarin tsayi saboda hanyar ƙauye, 205/65 R15 ta fi hankali. Tsayinta 647.5, ƙarin kashi 2, wanda ke ɗaga motar da milimita shida da rabi kacal. Kaɗan ne, amma iyakar abin da taya za ta iya ba ka ke nan ba tare da ta ɓata wani abu ba.

Saura 91H, wanda kusan ba mai dubawa. 91 lambar nauyin da taya ɗaya za ta ɗauka ce: 87 kilo 545, 89 kilo 580, 91 kilo 615, 94 kilo 670. Harafin kuma iyakar gudu: S kilomita 180 a awa, T 190, H 210, V 240. Ana iya hawa sama da abin da takardar ƙofa ko littafin motar ya ce, amma ba a sauka ƙasa. Kada ka ce ai ba ka taɓa kaiwa 210 ba. Harafin yana nuna yadda tayar ke jure zafin da take tarawa a cikinta, kuma tafiyar awa huɗu a kan kwalta a watan Afrilu da mota cike da kaya gwaji ne babba. Motar haya ko ta iyali mai yawan lodi ta nemi mai alamar XL, wadda aka ƙarfafa jikinta.

Hujin noti

Ana rubuta shi kamar 5x100: huji biyar, a kan da'irar da faɗinta milimita 100 ne. Corolla ƙirar Amurka daga 2003 zuwa 2019 duk 5x100 ce. Ta 1998 zuwa 2002 kuwa 4x100. Sunan mota kaɗai ba ya isa, domin Corolla ƙirar Turai ta farkon shekarun 2000 huji huɗu gare ta, alhali takwararta ta Amurka biyar. Camry, Civic daga 2006 da Elantra daga 2007 suna da 5x114.3. Fijo 206, 307 da 406 suna da 4x108. Golf 4 tana da 5x100 kamar Corolla.

Aunawa ba wuya. Mai huji huɗu, auna daga tsakiyar huji zuwa tsakiyar wanda ke fuskantarsa. Mai biyar ba shi da huji mai fuskantar wani, sai a auna tsakanin biyu maƙwabta a ninka da 1.701. In ka sami kusan milimita 59, 5x100 ne. In kusan 67 ne, 5x114.3.

Tsakanin 100 da 114.3 ba a yin kuskure, wilin ƙin shiga zai yi. Haɗarin yana wurin na kusa da juna: 4x98 na Fiat da 4x100, ko 5x112 na Marsandi da 5x114.3. Waɗannan sukan shiga da ɗan dannawa, notin ya kama, a ɗauka an gama. Amma kowane noti yana zaune a karkace, yana jan kusarsa gefe. Wilin ba ya tsakiya, motar na rawa, notin na kwancewa da kansa, kusoshin kuma suna gajiya har su fara karyewa ɗaya bayan ɗaya. Wilin da aka faɗaɗa hujinsa da injin huda don ya shiga, a bar shi a shagon.

Ramin tsakiya da noti

A tsakiyar wili akwai babban rami da ke zama a kan leɓen ƙarfen da ya fito daga ƙafar motar. Leɓen ne ke daidaita wilin a tsakiya kafin a ɗaure. Na Corolla milimita 54.1 ne, Camry 60.1, Civic mai huji biyar 64.1, Elantra 67.1, Fijo 65.1, Golf 57.1. In ramin wilin ya fi leɓen ƙanƙanta, ba zai zauna ba sam, shi ya sa wilin Corolla ba ya hawa Golf 4 duk da hujinsu ɗaya. In ya fi shi girma, zai shiga amma da wasa. Wilin kasuwa yawanci ana yin sa da babban rami, 67.1 ko 73.1, don ya hau motoci da yawa, sai a cike gibin da zobe na roba mai tauri ko alminiyam, misali mai 73.1 a waje da 54.1 a ciki. Kuɗinsa kaɗan ne. Rashinsa ne ke kawo karkarwar sitiyari tsakanin gudun 90 da 120, irin wadda za a kai mota balansin sau uku ba ta daina ba.

Noti kuma iri uku ne ta wurin mazauninsa: mai tsini kamar mazurari, mai zagaye kamar rabin ƙwallo, da mai shafaffen gindi haɗe da washa. Aloyin Toyota na asali yana amfani da mai shafaffen gindi, wilinta na ƙarfe da galibin aloyin kasuwa mai tsini, Honda da Volkswagen mai zagaye. In mazaunin noti bai yi daidai da na hujin ba, a siririn layi kawai suke haɗuwa, ya ci wilin ya kwance. Saboda haka mai Corolla da ya sayi aloyin kasuwa, ko ya ɗauko na Golf 4, sai ya sayi notin da ya dace da wilin, amma mai zaren motarsa. Zaren Toyota da Honda M12x1.5 ne, na Nissan M12x1.25. Suna kama da juna, kuma in aka tilasta ɗaya a kan ɗaya zaren kusar ya tafi. Noti ya shiga da hannu cikin sauƙi, ya yi juyi bakwai zuwa takwas kafin ya kama. In ya kama a juyi huɗu, kusar ta yi wa wannan wilin gajarta.

Zurfin zama

Juya wilin ka duba bayansa. Za ka ga rubutu kamar 6Jx15 ET45 ko 16x6.5J ET39. Lamba mai J faɗin wilin ne a inci. ET kuwa nisan fuskar da ke manne da ƙafar mota ne daga tsakiyar faɗin wilin, a milimita. In lambar ta yi girma, wilin ya shige ciki wajen shokazoba da birki. In ta ragu, ya fito waje. Kaucewa daga lambar wilin asali na motar da milimita biyar zuwa bakwai ba ta cika kawo matsala ba.

Sai dai faɗi da ET tare ake lissafa su. A ce kana da 6J ET45, aka kawo maka 7J ET35. Ƙarin inci ɗaya ya rabu biyu, milimita 12.7 kowane gefe, sannan dukan wilin ya matso waje da milimita 10. Bakin waje ya fito da kusan 23, na ciki ya matsa wajen shokazoba da kusan 3. Ciki lafiya, amma a waje tayar ta kusa leɓen madgad, kuma da lodi a baya za ta iya taɓa shi a gargada. Wilin da ya fito waje da yawa yana kuma ƙara wa boris wahala, sitiyari ya riƙa bin kowane kwari na titi. Masu son ƙafa ta buɗe don kyau su san boris ne zai biya.

Kowace taya tana da faɗin wilin da ta yarda da shi: 195/65 R15 daga 5.5 zuwa 7, 205/55 R16 daga 5.5 zuwa 7.5, 215/45 R17 daga 7 zuwa 8. Kuma kafin a ɗora taya a biya kuɗi, a sa wilin tsirara a ƙafar gaba a juya shi da hannu, a tabbata bai taɓa kan birki ba. Nan ne mai son sauka zuwa inci 14 don arahar taya yakan gane ba zai yiwu ba.

Wane girma ya fi dacewa da hanyoyinmu

Inci 15 da taya 195/65, ko inci 16 da 205/55. Inci 17 ya fi kyan gani kuma ya fi kama kwana a kan lafiyayyar kwalta, amma gefen tayarsa milimita 97 ne, inda na inci 15 yake kusan 127. Waɗannan milimita talatin su ne ke tsakanin bakin rami da bakin wilinka. In aka faɗa rami da gudu, tayar na matsewa tsakanin kwalta da wili, zaren cikinta ya tsinke, bayan kwana biyu ka ga kumburi kamar ƙwai a gefe. Wannan ba ya facuwa, kuma kowane lokaci tana iya fashewa. Ga shi 195/65 R15 da 205/55 R16 ana samun su kusan a kowane gari, abin da ba za a ce game da 215/45 R17 ba idan ta fashe maka a tsakanin Funtuwa da Gusau.

Wilin ƙarfe yana lanƙwasa a buga shi ya miƙe. Aloyi tsagewa yake yi. In za ka sayi na hannu, duba bakin ciki, don can ne duka ya fi sauka kuma can ake ɓoye walda da fenti. Dubi hujin noti ko sun zama kamar ƙwai, alamar an yi tafiya da shi a kwance. Sa a ɗora shi a injin balansin a juya ka ga ko yana lilo. Aloyin da aka yi wa walda a ƙafafunsa ko kusa da hujin noti ba abin saye ba ne.

Shekarun taya da tayar gwanjo

Tun da Michelin ta rufe masana'antarta ta Fatakwal a 2007, Dunlop ma ta daina yi a Legas a 2008, tayar ƙananan motoci a Najeriya daga waje take zuwa, sabuwa da tsohuwa, duk da cewa tsohuwar tana cikin jerin kayan da kwastam ta hana shigowa da su. Don haka karanta shekara ya zama dole. Nemi rubutun da ya fara da DOT, lambobi huɗu na ƙarshe su ne mako da shekara: 3522 na nufin mako na 35 a 2022. Sau da yawa a gefe ɗaya kawai suke, sai an juya tayar. In wurin ya yi kama da an kankare ko an sake bugawa, ka wuce. Hukumar kiyaye haɗurra ta FRSC tana ɗaukar shekara huɗu a matsayin wa'adin taya. Kamfanonin mota da dama suna cewa shida, masu yin taya kuma sun sa goma a matsayin iyaka ta ƙarshe. A zafi irin namu ƙaramin adadin ya fi kusa da gaskiya, kuma sabuwar da ta shekara uku a shago tana shan rana ba sabuwa ba ce.

Babban tarkon tayar gwanjo shi ne tayar hunturu. Zanenta yakan yi zurfi, cike da ƙananan tsage-tsage kamar an yanka da reza, ga alamar dutse mai kai uku da ƙanƙara a ciki. An yi robarta don sanyin da ya sauka ƙasa da digiri 7. A kwaltar Sakkwato ko Maiduguri laushi take yi, ta cinye da wuri, birki ya ƙara nisa. Rubutun M+S shi kaɗai ba ya nufin ta hunturu ce, tayoyin Amurka na kowane yanayi ma suna ɗauke da shi. Akwai kuma inda aka rubuta Temperature da harafi A, B ko C. A ce ta fi jure zafi, ita za a nema, B in babu yadda za a yi.

Sabuwar taya zurfin zanenta kusan milimita 8 ne. A cikin kwarin zanen akwai ƙananan tudu masu tsayin 1.6, in saman tayar ya yi daidai da su ta suɗe. Da damina ma daga milimita 3 take fara kasa korar ruwa. Leƙa cikinta: faci a tsakiyar tafin ba laifi in hujin bai wuce milimita 6 ba, amma faci a gefe ko a kafaɗa, ko baƙin garin roba a ciki, wanda ke nuna an taka ta babu iska, duk dalilin ƙi ne. Tubules ɗin da aka cusa wa tif don ta riƙe iska ma tana tara zafi.

Wurin ɗaurawa

Ƙafa biyu na gaba su zama iri ɗaya, girma da kamfani da zane, haka na baya. In biyu kawai za ka iya saya, sababbin su tafi baya, ko da motar da gaba take ja. Mutane na ganin abin a juye, amma in gaba ya zame a ruwa direba na ji a sitiyari ya rage gudu, in baya ya zame motar juyawa take yi. Taya mai kibiya da rubutun Rotation tana da hanyar da take juyawa, mai rubutun Outside kuma wannan gefen ne ke kallon waje. A canja bawul duk lokacin da aka canja taya. Motocin Amurka daga 2008 suna da na'urar lura da iska, a yawancinsu a gindin bawul take, sai a gaya wa mai faci kafin ya sa ƙarfe, kuma in an canja wili a mayar da ita cikin sabon.

A goge tsatsar fuskar da wilin zai zauna, kada a shafa wa kusa mai ko giris. A ɗaura noti da hannu tukuna, sannan a bi su a tsallake kamar zanen tauraro. Ƙarfin ɗaurin Corolla 103 Nm ne, Civic 108, wanda hannu ɗaya da sifanar mota ke iya kaiwa. Hawa kan sifana da ƙafa, ko ƙara mata dogon bututu, yana miƙar da kusa har ta tsinke. Bayan tafiyar kilomita 50 zuwa 100 a sake bin notin, musamman a sabon aloyi. A yi balansin na ƙafa huɗu, in tsohuwar tayar ta cinye ta gefe ɗaya a yi alaimen a ranar.

Iska kuma ta takardar ƙofa ce, a Corolla tsakanin 30 da 35 a ma'aunin iska na psi, gwargwadon shekara da girman taya. Lamba 44 ko 51 da ke gefen taya iyakar abin da za ta ɗauka ce, kuma ita masu faci da yawa ke bi. A auna da safe kafin a yi tafiya, da gejinka na kanka. In ka auna a tsakiyar tafiya ka ga ta ƙaru da uku ko huɗu, zafi ne, kada ka sace ta. Ƙarancin iska ya fi yawa cikin abin da ke fasa taya a doguwar hanya, domin gefenta na ta lanƙwasa yana tara zafi har robar ta rabu da wayar ciki.

Siririyar safaya tana son 60, kuma ba a wuce gudun 80 da ita. In ka canja zuwa aloyin kasuwa, gwada notinsa a kan safayar tun a gida. In bai zauna ba, ajiye tsofaffin noti biyar a but tare da jak, haɗe da bakin sifanar da ke shiga ramin sabon wilin, don aloyi da yawa raminsu ya yi wa sifanar motar ƙunci.